Tafiyar da Lauwali Ya Ara

Har zuwa bara, idan ka sauka tashar Goronyo ka ce a kai ka gidan su Lauwali Iliyasu, 'yan kabu-kabu tsayawa za su yi suna kallon juna, don a ƙasar nan kowane gida da nasa Lauwalin. Amma ce musu gidan su Taɓa-ƙasa mai wasan fim, kafin ka rufe baki an tada babur. Sai kun miƙe hanyar da ta bi ta ƙasan dam ta ratsa gonakin albasa, sannan mai babur ɗin zai ɗan waiwayo ya ja maka kunne: sunan nan ka aje shi a bakin gari, kada ka kuskura tsohon gidan ya ji.

Tsohon gidan shi ne Malam Iliyasu, mahaifin Lauwali, manomin rani ne tun yana yaro har kansa ya yi fari. Wanda ya san gonar albasa ya san yadda take: fangali-fangali, kowane da ruwansa da dashensa, a tsakaninsu ɗan tudu siriri da bai wuce faɗin tafin ƙafa ba. A kan ɗan tudun nan ake tafiya. Ka kauce dama ka taka naka, ka kauce hagu ka taka na maƙwabci. To Malam Iliyasu ya yi wannan tafiyar har ta zauna masa a ƙashi. Ko kan kwalta ka sake shi, hanya fetal ba kowa, haka zai bi ta: ƙafa gaban ƙafa, hannuwa goye a baya, kai a sunkuye, yana ɗan karkatawa kamar mai ɗauke da tulu cike.

Sannan ba ya zama a wuri sai ya duƙa ya taɓa shi da bayan hannu, yadda yake yi wa fangali don ya ji ko da sauran damshi. Tabarmar masallaci, bencin asibiti, kujerar mota, babu wadda ta tsira daga wannan bincike. In ya ɗago sai ya ce, "To, madalla," kana ya zauna. Shi bai san yana yi ba. Kuma ba a taɓa samun mai gaya masa ba, don Malam Iliyasu ba mutumin da ake yi wa wasa ba ne.

Lauwali shi ne ɗan farinsa, don haka tsohon yana kunyarsa irin ta mutanen da. Bai taɓa kiran sunansa ba, sai dai "wancan" ko "kai". Ba ya zama ya yi hira da shi, ba ya tambayarsa ina ya kwana, ina ya tashi. Ba ƙi ba ne, wallahi, kowa ya san in Lauwali ya yi ciwon kai ranar tsohon ba ya iya cin tuwo. Haka dai aka tarbiyyantar da shi.

Shi kuwa Lauwali, Allah ya yi shi da ido da baki, amma ya hana shi ƙafar gona. Ranar da aka fara kai shi fadama ya tattake fangali guda, ya juya zai ba da haƙuri ya tattake na kusa da shi. Abin da ya iya shi ne kwaikwayo. Ya kalli mutum sau ɗaya, shi ke nan ya kwashe shi: tarin liman, yadda hedimasta ke gyara tabarau, kukan jakin Bara'atu mai fura. Bulalar da ya sha a firamare saboda hedimastan nan, da takarda ce da ya zama farfesa. Da azumi kuwa, in ana tashe, duk ayarin da Lauwali ke ciki shi ke cika kwando da gero.

Da ya tasa aka saya masa babur ya tafi Wurno kabu-kabu. Nan ma bai yi ƙarko ba. Zai ɗauko fasinja daga Marnona, kafin su iso ya riga ya koyi muryarsa, yana sauke shi sai ya tsaya a tasha yana maimaita wa abokai, sana'a tana can tana jira. Wata rana ya kwaikwayi wani dattijo da ya sauke, bai san mutumin bai yi nisa ba. Daga nan dai aka ga gara ya bi motar albasa zuwa Kano, can inda ba a san shi ba.

A Kano ne abin ya same shi. Suna jiran a sauke kaya, ya ga taro a ƙofar wani babban gida, ashe 'yan fim ne ke ɗauka. Ya kutsa ya leƙa. Sai ga wani Bakano an sa masa yagaggiyar riga da hula a karkace, wai shi ne Basakkwace ya zo birni, yana ta zuba "mi, mi" a inda ya dace da inda bai dace ba. Ran Lauwali ya ɓaci. Bai san lokacin da ya ɗaga murya ba: "Kai, mu ba haka muka magana ba, aradu!"

Daraktan, wani siririn mutum mai suna Bashir, ya waiwayo ya dube shi sama da ƙasa, ya ce, "To malam, zo ka yi mu gani."

Ka ji fa. Mutumin da ya addabi Wurno da baki, ana juyo masa da kyamara sai ya daburce. Abin da aka ce ya yi ba wani abu ba ne: ya shigo falon alhaji, ya gaida shi, ya zauna. Amma fitilu sun haske masa ido, ga kafet fari tas a shimfiɗe, ga shi da ƙurar kasuwa a ƙafa. Tsoron taka kafet ɗin nan ya kama shi. Sai kawai ƙafafunsa suka tuna da abin da suka tashi suna gani a gida: ƙafa gaban ƙafa, hannuwa a baya, kai a sunkuye. Ya iso gaban kujera, ya duƙa, ya taɓa ta da bayan hannu, ya ɗago ya ce, "To, madalla."

Mai kyamara ya saki kyamara ya riƙe ciki. Alhajin fim ɗin ya zame daga kujera. Bashir yana share hawaye ya ce a nemo wa wannan bawan Allah abinci, kuma kada a bari ya koma motar albasa.

Haka aka haifi Taɓa-ƙasa. Aka manna wa Lauwali farin gemu, aka shafa masa hoda a gira, ya zama tsohon ƙauye daga Sakkwato wanda kullum yake zuwa birni a yi masa dariya. Fim ya bi fim, daga faifai aka koma waya, yara a ko'ina suna goya hannu suna bin layi ɗaya a tsakar gida. Masu rubuta labarin kuma suka yi ta ƙara masa gishiri. Yau Taɓa-ƙasa ya ga fanka ya ruga, gobe ya shanye ruwan wanke hannu, jibi ya yi wa firji sallama. Malam Iliyasu bai taɓa yin ko ɗaya daga cikin waɗannan ba. Nasa kawai tafiyar ce, da taɓa wuri, da madallar nan. Amma su ne aka ɗora sauran a kai.

Ba za a ce Lauwali bai taɓa yin magana ba. Ya sha ce wa Bashir, "Mutanenmu hwa sun san hwanka. Akwai alƙalai garinmu, akwai likitoci, akwai malamai da ba ku iya zama gabansu." Bashir ya ce gaskiya ne, amma mutane abin da suke so ke nan. Sau ɗaya dai, da ya matsa, aka ba shi alƙali. Ya sha rawani, ya haɗe rai, ya yi wasa mai kyau ƙwarai, ni na gani. Amma yana shigowa kotu 'yan kallo suka fashe da dariya, suna jiran ya taɓa kujerar shari'a. Da bai taɓa ba aka ce fim ɗin ba daɗi. Sai ya koma ya manna gemunsa.

A gida kuwa, ranar da fim na farko ya iso shagon mai shayi, ba a yi dogon kallo ba wani ya ce, "La'ilaha illallahu, Malam Iliyasu!" Aka yi dariya, sannan kowa ya waiwaya bayansa. Wasu dattawa sun ji haushi, sun ce yaron nan ya kai mu kasuwa. Wasu suka ce ko ba komai yau mun ji harshenmu a fim yadda muke yin sa, ba na aro ba. Abu ɗaya ne kowa ya yarda da shi: kada tsohon ya gani.

Wadda ta ɗauki wannan aiki a kanta ita ce Zinariya, ƙanwar Lauwali, da ke aure a nan cikin garin. Mace ce gajera mai kaifin harshe, tun rasuwar mahaifiyarsu ita ke kula da tsohon. Ta aika wa mai shayi, ta aika wa mai cajin waya, ta bi matan gari ɗaki-ɗaki. Ta ce duk wanda ya yi sanadin da Baba ya ga abin nan, ita da shi ne har gaban Allah. Aikin ma bai yi wuya ba. Tsohon ba ya kallon fim, wayarsa 'yar ƙarama ce mai tocila, kuma tafiyar tasa a hankali take. Tun daga nesa ake hango shi, kafin ya iso mai shayi ya canza tasha zuwa wa'azi, har ya wanke kofi. Malam Iliyasu ya sha yaba wa samarin garin, ya ce bai taɓa ganin masu son wa'azi irinsu ba.

Game da sana'ar ɗansa, ya san dai wasan kwaikwayo yake yi a Kano, kunya kuma ta hana shi tambayar wane iri. In an tambaye shi sai ya ce, "Wancan? Shina can shina nema." Da Lauwali ya rushe masa ɗakin laka ya gina na bulo, ya shiga, ya taɓa sabuwar katifa da bayan hannu, ya ce madalla, ya sa masa albarka ta bakin Zinariya.

Albarkar nan ita Lauwali yake tsoron rasawa, ba wani abu ba. Ya san ubansa ba ya faɗa, ba ya zagi. Wani maƙwabcinsu ya taɓa yi masa shaƙiyanci a bainar jama'a, tsohon bai ce uffan ba, amma daga ranar bai ƙara sa hannu a akushi ɗaya da shi ba har mutumin ya rasu. Gaisuwa kawai, ita ma a tsaye. Duk lokacin da ake manna wa Lauwali gemu sai wannan maƙwabcin ya faɗo masa a rai. Sannan a ce an fara ɗauka, ya goya hannu.

To bara, bayan an cire albasa, Zinariya ta haihu. Nan fa aka samu matsala, don mai gadin gari tana ɗaka tana jego, ba ta san wa ya shigo wa ya fita ba. Lauwali ya zo suna daga Kano. Daga Rabah kuma kawun mijinta ya zo, wani Malam Isa, tsohon malamin makaranta mai fara'a da son hira, da babbar wayarsa a aljihun gaba. Kowa ya ɗauka wani ya ja masa kunne. Ashe ba wanda ya yi.

Da safe an raɗa suna, an raba goro, maza suna zaune a tabarmi a ƙofar gida ana jiran waina. Malam Iliyasu ya ɗan zaga ya dawo. Ga shi nan tafe daga bakin masallaci, fili guda a gabansa amma yana bin layinsa, ƙafa gaban ƙafa. Malam Isa ya bi shi da kallo, baki a sake. Tsohon ya iso, ya duƙa, ya taɓa tabarma, ya ce, "To, madalla."

Malam Isa ya tafa hannu ya ce, "Allahu akbar! Ashe akwai shi da gaske!"

Wani ya yi tari. Wani ya taka masa ƙafa. Mijin Zinariya ya ce, "Kawu, ga goro." Ina! Malam Isa ya riga ya zaro waya yana latsawa, yana cewa, "Malam, ai kai duniya ta san ka. Dubi nan, dubi nan don Allah." Ya miƙa masa a hannu.

Lauwali yana gefen tabarmar. A ransa ya ce shi ke nan, yau na rasa uba.

Malam Iliyasu ya riƙe wayar nesa da fuska, ya ƙanƙance ido. A ciki ga Taɓa-ƙasa ya sauko daga mota, yana tafe a kan titin birni shi kaɗai, bai kai ga gidan alhajin da za shi ba tukuna. Tsohon ya kalla, ya ƙara kalla. Ana jin matan cikin gida suna daka. Can sai tsohon ya yi magana.

"Baba," ya ce a hankali. "Wanga ai Baba na, Allah shi jiƙan shi."

Ba wanda ya gane da farko. Sai da ya ƙara cewa, "Malam Sa'adu, mahaihina. Ga tahiyatai nan. Ga yadda shika aza hannu." Malam Sa'adu ya rasu tun kafin a gina dam, tun Iliyasu yana saurayi, kuma ko hoto ɗaya bai bari ba. Tsohon ya sa gefen rawani ya share ido, ya juya wajen ɗansa ba tare da ya dube shi sosai ba. "Kai. Na san kai na cikin gemun ga. Amma ina kag gane shi? Ya rasu ba a haihe ka ba."



"Ikon Allah," in ji tsohon, yana girgiza kai. "Jini ba ƙarya ba na. Ni da nit tashi gabanai, ina yaro na yi ta ƙoƙarin in iya tahiyar ga, ban iya ba. Tawa tahiya irin ta kowa ta."

Jama'a duk suka sunkuyar da kai. Liman ya cusa goro a baki da sauri. Wani saurayi ya tashi ya zaga bayan katanga, kafaɗunsa suna rawa. Lauwali kansa ya ji dariya da kuka sun taho masa tare, ya ji wani sanyi a ƙirji, ya ce a ransa Allah na gode, na tsira.

Amma fim bai tsaya ba. Taɓa-ƙasa ya shiga falon alhaji. Ya duƙa ya taɓa kujera, sai aka saki wani kiɗa na shaƙiyanci, 'ya'yan alhajin suka kwashe da dariya suna nuna shi da yatsa. Aka kunna fanka, ya zabura ya faɗi, hularsa ta yi gefe. Matar gidan ta toshe hanci ta ce a fitar mata da wannan baƙauyen.

Murmushin ya bar fuskar Malam Iliyasu. Ya matso da wayar kusa, kamar bai ga daidai ba.

"Mi yay yi musu?" ya tambaya.

Malam Isa, da sai yanzu ya fahimci abin da ya jawo, ya ce, "Malam, wasa na kawai, don a yi nishaɗi."

"Na san wasa na." Tsohon bai ɗaga murya ba. "Ina tambaya, ina abin dariya nan? Mutumin ga hal ya koma ga Allah bai taɓa taka shukar kowa ba. In anka yi rikicin ruwa, shi aka kira shi raba. Bai ga hwanka ba, gaskiya ta, babu ta zamaninsu. Amma da ya gan ta, ba ya gudu. Tambaya za shi yi."

Wannan karon ya dubi Lauwali, ido cikin ido, abin da bai saba ba. Ba fushi a fuskarsa, kuma da fushin ne da ya fi sauƙi. Jira kawai yake a ba shi amsa. Lauwali yana da amsoshi da yawa, duk waɗanda Bashir ya sha ba shi, da waɗanda ya sha ba kansa. Ya duba a cikinsu bai ga wadda zai iya faɗa a kan tabarmar nan ba. Kunya ta rufe shi, irin wadda bai taɓa ji ba tun da ya fara sana'ar.

Aka fito da waina, aka jera kwanoni, ba wanda ya miƙa hannu.

Tsohon ya numfasa. Ya miƙa wa ɗansa wayar, ya matsa ya ba shi wuri kusa da shi.

"Ni ban iya abin ga ba," ya ce. "Maido man shi daga hwarko, inda shika tahowa bisa hanya shi ɗai. In ya kusa ƙohwar mutanen ga, ka tsai da shi. Kak ka bari shi shiga."

Lauwali ya matso ya zauna, ya mayar da fim ɗin baya. Suka haɗa kai a kan wayar, tsohon yana kallon ubansa yana tahowa a kan titi, shi kuma ya ɗora yatsa a kan gilashin yana jiran ƙofar.